Benci Ɗaya

Jirgin dare ne ya kawo mu Cennai, Tangabel,
ni a tarago na biyu, kai a na ƙarshe.
Ba mu san da juna ba sai a bakin famfo,
kana wanke ido da ruwan tasha.
Ka ce, "Uwar ɗakina." Na ce, "Har yanzu?"

Shekara talatin da ɗaya kana taka keke
a shagon mijina a Tirupur,
singileti da rigunan yara masu tafiya ƙasashen sanyi.
Duk ƙarshen wata ya tsakuri albashinka,
ya ce asusun tsufa ne, yana can yana ƙiba.
Ranar da muka dawo daga ƙona gawarsa
na buɗe akwatin ƙarfe ina neman rasit.
Shekara tara, ko ɗaya babu.

Hukuma ta zo da na'urar lissafi.
Ta haɗa naka da na mutum arba'in,
har da sunaye shida da ban taɓa ji ba,
har da Selbi, da ta bar aiki tun kafin ambaliya.
Rupi miliyan biyu da dubu ɗari huɗu.
Na ce akwai kuskure, zan ɗaukaka ƙara.
Akawu bai ko ɗago kai ba:
"Ajiye kashi uku cikin huɗu tukuna,
sannan alƙali ya buɗe kunne."

Wa ya taɓa ganin an yanka akuya
kafin a tambaya ko ita ta ci dawar?

Lauyata Arulmoli, baƙar rigar ta yi mata yawa,
ta ce doka ta bar wata 'yar ƙofa:
alƙali na iya ragewa, yana iya yafewa,
in ya ga dalili.
Na kawo mata dalili a jakar leda,
takardar jinginar keke goma sha biyu
da ta awarwaron uwata da ke hannun mai rance.

Lauyan hukuma ya miƙe, shi ma bai yi ƙarya ba.
Ya ce in babu ajiya, masu masana'anta
sai su ja ƙara kamar zaren da ba ya ƙarewa,
har ranar da za a kira sunan ma'aikaci
a ji shiru.
Da ya faɗi haka sai ya nuna ka da biro.
Ka sunkuyar da kai kamar kai ka yi laifin.

Na san idonka na hagu ya yi yana.
Na san nawa likita ya ce.
Kuɗin da nake rantsuwa ba ni da su,
naka na ciki.
Na kasa haɗiye wannan, na kasa tofarwa.

Ƙarfe ɗaya aka tashi.
Fanka na kaɗa kunnuwan fayil a kan tebur.
Ka kwance ƙunshin ganyen ayaba,
shinkafa da tsamiya, ka raba da gefen hannu,
ka turo mini kashin da ya fi yawa.
Na ce, "Kai fa kake bin mu bashi."
Ka ce, "Ci. Bashin ba gudu zai yi ba."

Aka dawo. Alƙali ya dubi agogo, ya dubi kalanda.
Kashi arba'in cikin ɗari, nan da mako shida,
in ba haka ba ƙarar ta faɗi da kanta.
Arulmoli ta ce sai babbar kotu.
Ka ƙirga da yatsu, ka ce,
"Bayan mako shidan, wata nawa kuma?"
Ta shiga gyara takardunta.

Jirginmu na tara da rabi ne.
Na yanki tikiti biyu a tarago ɗaya,
ban rubuta a littafi ba, ban cire daga bashin ba.
Kafin Arakkonam barci ya ɗauke ka,
kanka jingine da ƙarfen taga,
ƙafarka ta dama tana ta taka
keken da ba ya nan.